Dandali a Tsohuwar Rumfar Niƙa

Falalu tela ne a unguwar Maamobi, amma tsofaffin unguwa sun san shi da wani abu bayan ɗinki. A zamanin da ƙungiyar wasan kwaikwayo ta Fitilar Zango take tashe, shi ne mai kafa musu dandamali. Bai taɓa fitowa gaban jama'a ya ce uffan ba. Aikinsa shi ne ya aro durorin mai, ya jera su a filin makaranta, ya shimfiɗa katako a kai, ya rataya labulen da ya ɗinka da hannunsa. In ruwa ya sauko ana tsakar wasa, kowa ya watse, shi ake bari a fili yana naɗe labule. A cikin ƙungiyar ya haɗu da Asana, wadda take fitowa a matsayin mai tuwo-tuwo mai bakin tsiya, ya aure ta.

Ƙungiyar ta mutu ba tare da wani ya ce an rufe ta ba. Bidiyo ya shigo, wasu suka tsallaka ƙasashen waje, sauran kuma neman abinci ya ɗauke su. Asana ta kafa injin niƙa a wata rumfa mai faɗi da ke bayan gidansu, ta riƙe ta har ciwon ajali. Bayan rasuwarta aka sayar da injin, rumfar ta zauna a kulle, sai ƙadangaru.

'Ya'yansa biyu suna Amurka. Babbar, Sadia, ita ce mai kiransa a waya.

"Baaba, a rushe rumfar nan a yi ɗakunan haya," in ji ta wata rana. "Ka samu mutane kusa da kai. In wani abu ya same ka, akwai mai ji."

"Ai mutane zan kawo," ya ce. "Sai dai ba masu kwana ba."

Ya yi mata bayanin abin da ke ransa: wurin wasa mai rufi, mai kujerun da ba na aro ba, wanda ruwa ba zai kori kowa daga cikinsa ba.

"To wa zai yi wasan, Baaba?"

"In akwai wuri, za su zo."

"Gidanka ne," ta ce, ta koma tambayarsa ko yana shan maganin hawan jininsa.

Ya kira wani magini, Muftahu, ya kai shi rumfar. Tun kafin zuwansa Falalu ya riga ya zane ƙasa da allin ɗinki. Ga inda dandamali zai tsaya, tsayinsa daidai gwiwa. Ga wurin zama, hawa-hawa kamar matakala, amma a lanƙwashe, kowane layi ya ɗara na gabansa tudu yadda ko mace ta ɗaura gwaggwaro na bayanta zai gani. Ginshiƙin da ke tsakiya a cire shi, a gitta ƙarfe ya riƙe rufin. A fasa ƙaramar ƙofa a bangon baya, ta inda 'yan wasa za su shigo ba a gan su ba. Tagogi kuma can sama, don iska ta ratsa, rana ba ta kashe wa mutane ido ba.

Muftahu ya daɗe yana kallon zanen.

"Kawu, coci za ka gina ko kotu?"

"Yi dai yadda na ce."

Aiki ya kama. Lungun gidan bai ɗaukar mota, sai da kai aka riƙa shigo da yashi da bulo. Maƙwabta suka leƙa kwanakin farko, da suka ji ba shaguna ba ne suka daina tambaya. In maginan suka tashi bayan La'asar, Falalu ya rufe shagonsa ya shigo, ya zauna a nan ya zauna a can, yana karkata kai kamar akwai wani dogo a gabansa. Sau biyu ya sa aka rushe layi guda aka sake.

Da ginin ya fara kama da abin da yake so, sai ya tafi neman mutanensa. Ya hau trotro, ƙaramar motar haya, zuwa unguwar Malam wajen Husseini, wanda a da yake fitowa a matsayin boka. Ya same shi ya zama limamin wani ƙaramin masallaci, gemu ya yi fari fat. Husseini ya yi murna ƙwarai, ya sa aka kawo shayi, ya saurare shi har ƙarshe.

"Falalu, ni da nake jan mutane salla, in koma in shafa gawayi a fuska? Allah ya sa albarka. Amma ka bar ni a inda nake."

Ya raka shi har bakin titi, ya tsaya sai da motar ta tashi.

Ƙaltume, ita ma tsohuwar 'yar ƙungiyar, tana Kumasi wajen ɗanta. Ta waya suka yi magana, jikoki suna ta ihu a bayanta. Ta yi dariya, ta yi wa Asana addu'a, ta ce gwiwoyinta ko masallacin Juma'a ba sa kai ta. Sauran da ya tambaya, ko an ce sun rasu, ko ba wanda ya san inda suke.

Saura Ramadan, mahauci a Sabon Zongo, wanda muryarsa a da take kai wa bayan katangar makaranta ba lasifika. Falalu ya san yana jinya, bai dai san ta kai haka ba. Ya tarar da shi a kujera a tsakar gida, ɓarin jikinsa na dama ya shanye, bakin ya karkace. 'Yarsa Nadia ce take fassara abin da yake cewa. Falalu bai yi maganar wasa ba. Ya ce masa dai yana gini, in an gama zai zo ya ɗauke shi ya gani. Ramadan ya riƙe hannunsa da na hagu, ya ƙi saki.

Aka ɗora kwano. Yanzu abin da ya rage a sani shi ne ko murya tana kai wa layin ƙarshe, ga shi ba wanda zai tsaya masa ya yi magana. Sai ya ɗauko rediyonsa, ya ajiye a tsakiyar dandamali, ya rage ƙarar daidai maganar mutum, ya riƙa bin wuraren zama ɗaya bayan ɗaya yana saurare. Yana cikin haka wata safiya ruwan watan Yuni ya ɓarke. Kwanon ya ɗauki ruri kamar ana watsa masa tsakuwa. Falalu ya sauko layin farko, bai ji komai ba. Ya hau dandamalin ya durƙusa kusa da rediyon, sannan ya ji ana karanta labarai. Ya zauna a wurin har ruwan ya ɗauke. Ya hana ruwa jiƙa mutane, amma ruwan zai hana su ji.

Kwana da kwanaki bai shiga rumfar ba. Yana kan keken ɗinki wata rana, ƙafarsa ta nutse cikin tarin ƙyallayen da ke ƙasa, sai dabara ta faɗo masa. Ya bi telolin unguwannin Nima da Maamobi shago-shago yana roƙon guntayen yadi. Suka ɗauka matasan kai zai fara yi. Ya cusa ƙyallayen cikin buhunan fulawa, ya ɗinke su falle-falle kamar ƙananan katifu, Muftahu ya jera su a ƙarƙashin kwano, aka rufe da tabarmi. Ruwa na gaba da ya zo, ƙararsa ta koma kamar ana hira a ɗakin maƙwabci. Falalu yana layin ƙarshe, ya ji kowace kalma ta mai labarai. Ya waiga dama, ya waiga hagu, sannan ya tashi ya kashe rediyon.

Ranar wata Lahadi da hantsi Nadia ta kawo babanta a tasi. Daga bakin lungu Muftahu ya goya shi. Falalu ya so ya zaunar da shi a layin gaba, amma Ramadan ya nuna dandamali da haɓa. Aka ɗora kujera a kai aka zaunar da shi. Ya daɗe yana bin wurin da kallo, daga tabarmin sama zuwa ƙaramar ƙofar baya. Sannan ya ɗaga hannun hagu ya yi wa Falalu alamar ya hau can ƙarshe.

Falalu ya hau ya zauna.

Ramadan ya ja numfashi ya buɗe baki. Muryar ta fito, ta cika wurin, har jan numfashinsa Falalu yana ji. Amma kalmomin sun narke cikin juna, ko ɗaya bai gane ba. Da Ramadan ya gama sai ya ɗago gira yana jiran amsa.

"Na ji ka!" Falalu ya ce da ƙarfi. "Tas na ji ka, kamar kana kusa da ni."

Ramadan ya yi dariya da rabin baki, hawaye yana bin ɗaya gefen. Da Muftahu ya fita da shi, Falalu ya tsayar da Nadia a ƙofa.

"'Yata, me ya ce?"

"Wallahi Baaba, ni ma yau ban gane ba. Ina jin wani abu ne na wasanku na da."

Ba a daɗe ba 'yan'uwansa suka zo suka tafi da shi garin Yendi, can arewa, neman maganin gargajiya. Daga can aka aiko da labarin rasuwarsa. Har aka rufe shi Falalu bai samu zuwa ba.

Wurin ya kammalu, an shafa fenti, an rataya sabon labule, ya zauna ba kowa. Wata mata ta zo neman hayarsa don ajiye buhunan gawayi, ya ba ta haƙuri. Sai bayan Babbar Salla wani saurayi mai suna Fawaz ya zo da abokansa huɗu. Su ne masu 'yan wasannin barkwanci da ake kallo a waya, da Hausar Nima da yaren Twi a haɗe. Sun ji an ce akwai wurin da ba a jin hayaniyar titi.

"Cale, dubi wuri!" in ji ɗayansu, da irin kiran da samarin nan suke yi wa aboki.

Falalu ya ba su makulli da rawar jiki. Ya tambayi ranar da zai sanar wa mutanen unguwa.

"A'a, Baaba, ba ma son mutane," in ji Fawaz. "Ɗauka za mu yi kawai."

Suka rufe ƙofa, suka rufe labulensa da wani koren ƙyalle, suka kafa waya a kan sanda. Falalu ya zauna a layi na biyu yana kallo. Yaran sun iya, musamman Fawaz, ya san inda ake dakatawa a bar dariya ta shiga. Sai dai ba mai dariyar. Da aka zo wani wuri Falalu ya kasa riƙewa ya tuntsire, sai aka tsayar da ɗauka.

"Yi haƙuri Baaba, muryarka tana shiga. Ko za ka ɗan jira mu a waje?"

Ya fita. Daga ranar, in sun zo sai ya ba su makulli ya koma kan kekensa. Wani lokaci yana ɗinki sai ya ji masu jiran aski a shagon da ke kusa suna ƙyaƙyata dariya a kan waya, ya leƙa wayar ya ga bangon rumfarsa ne a bayan su Fawaz.

Ya daɗe yana juya maganar kafin ya tare Fawaz.

"Sau ɗaya tak. Ku yi a gaban mutane, ku ji yadda abin yake."

"In muka yi kuskure fa? Ba a sakewa."

"Ba a sakewa," in ji Falalu.

Fawaz ya ce zai yi shawara. Sai da aka yi wata guda ya dawo ya ce sun yarda, amma za su ɗauka har da 'yan kallon.

Aka sa Asabar bayan La'asar. Wurin bai cika ba. Yara ne suka fi yawa, sai matan lungu da suka zo da kwanukan tallarsu, sai wasu samari a tsaye bakin ƙofa. Falalu yana bayan labule riƙe da igiya, ba ya ganin komai sai ƙeyar 'yan wasa. Fawaz ya fito, ya manta maganarsa ta farko. Wata mata ta jefo masa magana daga layin sama, ya juya ya mayar mata, sai wurin ya ɗauki dariya gaba ɗaya. Dariyar ta sauko daga matakalan ta bugi bangon baya inda Falalu yake tsaye. Ya ga kafaɗun Fawaz sun miƙe. Daga nan yaron ya manta da wayar da ke kan sanda.

Kafin Magariba an tashi. Yaran suka fita a guje suna duba abin da aka ɗauka, Fawaz ya ɗago masa hannu daga nesa ya ce za su yi magana. Matan suka kwashi kwanukansu. Ba wanda ya san shi ne a bayan labulen, ba kuma wanda ya tambaya.

Ya ɗauko tsintsiya ya fara daga layin sama, yana tara ɓawon gyaɗa da ledojin ruwa. A ƙarƙashin layi na uku ya tsinci takalmin yaro ƙafa ɗaya, ja, na roba. Ya kakkaɓe shi, ya rataya a ƙusa a bakin ƙofa inda mai wucewa zai gani. Ladan ya kira salla. Ya jingine tsintsiyar, rabin wurin ba a share ba, ya kulle ƙofa ya tafi alwala.