Muryar Da Hamma Yake Jira

Duk wanda ya yi biki a Kazaure ko Babura a shekarun baya ya san ƙungiyar Muhammadu Lawal. Shi ke jan waƙa, amininsa Hamma na riƙe da kalangu. Yaran yanzu kuwa Baba Ƙadangare kawai suka sani, ɗan katun ɗin nan mai magana ta hanci da suke kallo a wayar iyayensu. Lawal ne ke yi masa murya.

Masu biki ne suka koma hayar lasifika, ƙungiya ta watse. Wani gidan rediyo da ya taɓa jin yadda Lawal ke kwaikwayon mutane tsakanin waƙa da waƙa ya ba shi filin barkwanci, daga nan masu katun suka ɗauke shi. Shekara da shekaru yana matse maƙogwaro, har muryar aro ta zauna daram, tasa ta gudu. Ko cefane ya je, sai mai tumatir ya gama dariya kafin ya saurare shi. Abin na yi masa ciwo, amma da shi ake ɗora tukunya a gidansa.

Ikilima, 'yar Hamma, ce ta kira shi ta ce idon mahaifinta ya rufe, jiki ya yi rauni, kuma kullum sunan Lawal ne a bakinsa. Ranar kasuwar Gwiwa ya hau babur ya tafi. Ya tarar da Hamma a zaure kan tabarma, maƙwabta na zaune da shi. Ya yi sallama.

"Ikilima, ki ce wa yaran nan su rage ƙarar wayar," in ji Hamma.

Ta durƙusa ta gaya masa ai Baba Lawal ne ya zo da kansa. Hamma ya girgiza kai. Ya ce shi makaho ne amma kunnensa ƙalau, kuma muryar Lawal idan ya ɗaga ta a Roni, mutanen ƙauyukan gefe sai sun fito. Lawal ya shiga tuna masa bukukuwa da sunayen yaran ƙungiya, amma kowace kalma ta hanci take fita, maƙwabta na ta sunkuyar da kai suna danne dariya.

Sai Hamma ya laluba ya jawo kwanon sha, ya kife shi a cinya, ya fara kiɗan da suke buɗe fili da shi. A kiɗan akwai wata 'yar gaɓa da kalangu ke yin shiru, mai waƙa ya shigo. Gaɓar ta zo, Lawal ya buɗe baki, tsoro ya hana shi. Hamma ya sake zagayowa.

A karo na biyu Lawal ya rufe ido ya ja baitin da dukkan ƙarfinsa. Baba Ƙadangare ne ya fito. Wani a bakin ƙofa ya kasa riƙewa, ya tuntsire. Lawal ya yi shekaru yana neman dariyar mutane, amma bai taɓa jin wadda ta ƙona shi kamar wannan ba.

Hamma ya ajiye kwanon a hankali, ya miƙa masa hannu irin na sallamar baƙo.

"Na gode da ziyara, bawan Allah. Tunda ka san waƙar, ka san mai ita. Idan ka gan shi, ka ce ya yi sauri, ina nan ina riƙe masa kiɗan."