Hargitsi a Kasuwar Guci

"Tsaya mana, Mushe, kada ka motsa," in ji Nura, yana ɗaura masa fatar akuya a ka.

Abdulwahabu ya runtse ido ya riƙe numfashi. Fatar ba ta gama bushewa ba, shekaranjiya aka feɗe ta, kuma ƙudaje sun yanyame ta tun kafin a fito da ita daga buhu. Suna tsugune ne bayan rumfunan mahauta na kasuwar Guci, inda ake zubar da jini da kashin tumbi. Nura ya lakato baƙin tukunya da aka kwaɓa da man gyaɗa ya shafe masa fuska har wuya.

Shekara goma sha ɗaya Abdulwahabu yana koyarwa a wata lakwal, wato makarantar boko, a Dungas, inda ake ce wa malamin boko Mushe, kuma ko 'yan ajinsa ba su taɓa jin ya ɗaga murya ba. Nura ƙanin matarsa Hinda ne, mai shagon cajin waya da tura finafinai. Wata biyu da suka wuce ya zo gida da labarin fim ɗin barkwanci da yake son yi: wani tela ne, Malam Sanyi, wanda kowa ke takawa, ya shaƙi turaren aljanu bisa kuskure, tun daga ranar, da ya yi atishawa sai ya rikiɗe ya zama Hargitsi, wanda ba ya tsoron kowa.

"Kai ne Malam Sanyi, Mushe, ba ma sai ka koyi komai ba," Nura ya ce a ranar. Hinda ta yi dariya har da riƙe ciki. Abdulwahabu ya so ya ce a'a, sai ya ji bakinsa ya ce to.

An gama ɗaukar ɓangaren tela a Dungas. Na Hargitsi ne suka hawo babur suka zo yi a Guci, don Abdulwahabu ya roƙi a yi inda iyayen yara ba za su gan shi ba.

Muttaƙa, abokin Nura, ya ɗaga wayar da ake ɗauka da ita. Nura ya tafa hannu, alamar a fara. "Aksiyo!"

An riga an shirya da wani mahauci. Abdulwahabu ya yi atishawar ƙarya, ya yi tsalle ya dira gaban tebur, ya fizgi ɗanyar hanta ya gatsa. Ɗumi gare ta, ga santsi, ga ƙarni. Ya ji jini na bin haɓarsa. Amma Nura na ta nuna masa da hannu ya ci gaba, sai ya buɗe baki ya kwarma ihu.

Muryar da ta fito ba ta yi kama da tasa ba. Mata suka watse. Wani ƙaton ɗan dako da buhun gero a kafaɗa ya ja da baya ya ba shi hanya. Tunda aka haife shi ba a taɓa kauce masa a hanya ba. Wani daɗi ya taso masa daga ƙirji, har ya manta da ƙarnin da ke bakinsa.

"Kupe!" Nura ya tsayar da ɗauka, ya rungume shi. "Wallahi Mushe, ashe haka kake? Zo, zo, kafin abin ya huce."

Ya ja shi layin masu kayan miya, ya nuna masa wata tsohuwa a gindin bishiyar bedi. Ta shimfiɗa buhu, ta tsiba ɓararriyar gyaɗa a babban faifai, ga ƙwaryar garin kuka a gefe.

"Ka je da gudu ka yi fatali da faifan. Shi ke nan."

"An gaya mata?"

"In an gaya mata ina za ta firgita? Daga baya sai mu ba ta haƙuri."

"Amma Nura, tsohuwa ce fa..."

"Aksiyo!"

Mutane sun riga sun yi da'ira, wayoyi a sama, ana kiran "Ga shi nan! Ga shi nan!" Abdulwahabu ya yi atishawa. Ya ruga. Ƙafarsa ta daki faifan, gyaɗa ta tashi sama ta zubo kamar ruwa. Nan aka ce ya tsaya. Bai tsaya ba. Ya sunkuci ƙwaryar kukar ya juye ta a ƙasa, ya hau kai yana rawa yana tattakawa, yana ƙyaƙyata dariya, kasuwa na taya shi.

Tsohuwar ba ta yi ihu ba. Ta dube shi, ta dubi ƙasa, ta ce, "Innalillahi." Sai ta dafa gwiwa ta durƙusa, ta fara tsince gyaɗar daga cikin yashi.

Suka koma bayan mahauta. Nura ya karɓi wayar yana kallo yana tsaki. "Tsohuwar nan ta kashe mana wajen. Ko ƙara ba ta yi ba. Sai dai mu sake da mai nono, waccan Bafillatanar za ta yi mana ihu mai kyau. Amma dubi kai, Mushe, dubi nan!"

Ya tura masa wayar a fuska. Abdulwahabu ya ga wani mutum da jini a haƙora, baki a wangame, idanu na ƙyalli. Ya so ya ce wasa ne, amma ya san wannan dariyar ba ta cikin labarin da Nura ya tsara. Tasa ce. A bayan mutumin, can ƙasan hoton, ga bayan tsohuwar a duƙe, wani ma ya taka mata hannu yana ƙoƙarin ɗaukar hoto.

Hantar ta taso masa. Ya juya ya yi ta kwara amai a kan kashin tumbin, har hawaye suka wanke baƙin da ke kumatunsa. Muttaƙa ya ce, "Kai, da na sani da na ɗauki wannan ma."

Abdulwahabu ya kwance fatar ya yar. Ya ɗauki rigarsa ya nufi famfo.

"Ina za ka? Rana na yi fa!" in ji Nura.

"Ina zuwa," ya ce a hankali, bai waiwayo ba.

Ya daɗe yana dirzar fuska da yashi da ruwa. Ya kurkure baki sau bakwai, ƙarnin bai fita ba. Ya sa rigarsa da hula, ya koma gindin bedin.

Jama'a sun watse. Tsohuwar ta aro rariya tana tankaɗe ƙasa, wata akuya na lasar kukar da ta cakuɗe da yashi. Ya yi sallama ya tsuguna ya fara tsinta.

"Sannu, ɗan nan. Allah ya yi maka albarka."

"Amin, Iya."

"Iya Yakura ake ce mini. Ka ga abin da wani la'ananne ya yi mini? Kwana huɗu ina ɓarar gyaɗar nan, dubi yatsuna. Da ƙafa na taso tun sallar asuba. Kukar kuwa ni na shanya, ni na daka. Wai fim suke yi. Ƙattai da gemu!" Ta girgiza rariya. "Da mahaukaci ne da na yafe masa. Amma na ga idonsa, lafiyarsa lau. Daɗi yake ji."

Wayarsa ta yi ƙara a aljihu. Nura ne. Ya bar ta har ta katse.

"Kai ba ɗan garin nan ba ne ko?"

"Daga Dungas nake. Mushe ne ni."

"Ka ji 'ya'yan mutane. Allah ya jiƙan mahaifa."

Ya zuba abin da ya tsinta a faifai. Zai iya gamawa ya tashi da albarkar da ta sa masa, ba wanda zai sani. Ya haɗiyi yawu, ya ji ɗanɗanon jini.

"Iya, ni ne."

"Kai ne wa?"

"Ni ne na zubar miki."

Rariyar ta tsaya. Ta daɗe tana kallonsa, daga hula har zuwa bayan kunnensa inda sauran baƙin tukunya ya maƙale. Ta janye bakin zanenta daga kusa da gwiwarsa.

"Ka ce mushe ne kai?"

"E."

"Yara kake koya wa karatu?"

"E, Iya."

Ta juya gefe ta tofar da yawu. Ya jira zagi, ya ma so ta zage shi. Ba ta yi ba. Sai ta nuna da haɓa wajen kwatar da ruwan mahauta ke bi.

"Can ma ta zuba. Ka ware ta daban, kada ka haɗa mini da mai kyau. Awakina zan kai wa."

Wayar ta sake ƙara. Abdulwahabu ya naɗe hannun riga, ya je ya durƙusa bakin kwatar, ya fara tsamo gyaɗar ɗaya bayan ɗaya.