Fuskar Pak Warsito

Warsito yana cikin zuba wa wani miyar soto a rumfarsa ta kasuwar Semarang, a ƙasar Indonesiya, sai saƙo ya shigo wayarsa: hirar da aka yi da shi ta fito. Ya goge hannu a jikin zanensa, ya danna.

Ga rumfarsa, ga tukunyarsa, ga rigarsa ta batik. Amma an shafe fuskarsa ta yi dishi-dishi, an murɗe muryarsa ta koma kamar ta kwaɗo. A ƙasa an rubuta "Wani dattijo." Sunan Darmaji ma, masoyinsa da suka yi shekara talatin a ɗaki ɗaya har ya rasu bara, an datse shi.

Ya kira Lestari, 'yar jaridar intanet ɗin da ta yi hirar.

"Yarinya, na ce ki ɓoye ni?"

"Pak, edita ne ya ce saboda tsaronka."

"Tsarona? Ranar jana'izar Darmaji a bayan mutane na tsaya, kamar maƙwabcin da ya zo cin shinkafa. Danginsa har godiyar zuwa suka yi mini. Na zauna gabanki da fuskata don in faɗi sunansa sau ɗaya, kuka mai da ni aljani."

"Ka ga zagin da ake yi a ƙarƙashin bidiyon kuwa?"

"Ina shan zagi tun ba a haifi editanki ba." Ya kashe wayar.

Bu Sumirah, mai sayar da kayan miya a rumfar kusa, ta matso tana rage murya.

"Ai na gane tukunyar. Kowa a layin nan ya sani tuntuni. Mun taɓa ce maka uffan? Ka yi shiru, mu yi shiru, a zauna lafiya. Ka gode wa yaran nan da suka rufa maka asiri."

Ya dube ta. Ta sha cin girkin Darmaji, amma har yau ba ta yi masa ta'aziyya ba.

"Bu, kin iya ɗaukar bidiyo?"

"Ba dai da hannuna ba." Ta koma rumfarta.

Ya jingina wayar da kwalbar yaji, ya gyara hularsa. Mutum biyu da ke cin abinci suka ɗauki kwanukansu suka koma can ƙarshen benci. Ya danna, wayar ta fara ɗauka.

"Sunana Warsito," ya ce. "Zan ba ku labarin Darmaji."