Jar Rigar Bibik Gek Neo

"Mayar mini da tamojin fuskata," in ji Bibik Gek Neo.

Na shigo da kunun shinkafar da matata ta dama mata, na tarar da maƙwabciyar tamu a kujera mai ruwan zinariya, cikin jar rigar alharini, yatsunta cike da zobba. Teck Boon, wanda ya yi suna a garinmu Malaka wajen zanen tsofaffin mata cikin ƙawa, ya kewaye ta da gashin ɗawisu da mangwaron da ya fara ruɓewa, yana zana hotonta.

"Kaɗan na rage, Bibik," in ji shi.

"Wa ya aike ka? Ka san wuyar da na sha kafin in tara su?"

Burinta ɗaya ne: a kafa zanen a gaban akwatin gawarta. 'Yarta Poh Lian ta ƙi.

"Mak, ja a gidan makoki? Sai wanda ya cika shekara tamanin. Ke saba'in da bakwai gare ki. So kike dangin Baba su cinye ni ɗanya?"

"Ba su da haƙoran. Ke dai miƙo mini goron taunata."

Ranar Alhamis da hantsi ta rasu, a kujerar, kwana kaɗan bayan an gama aikin. Poh Lian ta lulluɓe madubai da farin ƙyalle, ta haɗa da zanen. A maimakonsa ta fito da hoton uwarta na ranar aure, wata yarinya da babu wanda ya san ta a layinmu.

Da la'asar aka rataye fitilun takarda a ƙofa, ɗauke da suna da shekarun mamaciya. Kamar yadda ake yi wa kowa, an ƙara mata shekara uku: ɗaya ta sama, ɗaya ta ƙasa, ɗaya ta mutum. Poh Lian ta daɗe tana kallon rubutun.

"Tamanin," ta ce da ni. "Ta riga ta yi lissafinta. Ta bar ni ina ta zuba."

Ta shiga ciki ta yaye ƙyallen da ke kan zanen. Na miƙa hannu in taya ta, ta girgiza kai. Ita kaɗai ta rungumo zanen zuwa gaban akwatin, ta daidaita shi, ta ja da baya.

Fentin bai gama bushewa ba. Har aka fara addu'a, akwai ja a hannun farar rigarta, ba ta goge ba.