Iya da Ganyen Inabi

Iya ta zo Kuala Lumpur ganin jika, da niyyar wata ɗaya. Sai korona ta tsayar da jirage, ta bar ta a bene hawa na tara a titin Jalan Semarak, wajen ɗanta Kalilu da matarsa Hadijatu. A wata na uku likita ya hana ta nama saboda ciwon gaɓoɓi. Ita kuma ta fi likitan himma, ta daina cin abincin gaba ɗaya, sai shayi.

Abin ya tsaya wa Hadijatu a rai. Zanin Iya har ya fara yi mata yawa. Hadijatu kuma ta san ranar da tsohuwa ta sauka Kano a rame, babu mai ambaton likita ko korona. Sunanta za a kira.

Kalilu kuwa, da ya shekara shida yana rubuta kundin digiri na uku, yana da bayani a kan komai, ban da yadda za a sa uwarsa ta ci abinci.

Wata maƙwabciyarsu 'yar Siriya ce ta koya wa Hadijatu wani girkin ƙasarsu ta waya. Aka kawo ganyen inabi cikin kwalba daga shagon Larabawa, Hadijatu ta wanke shi sau uku don gishirin ya fita. Ta cuɗa ɗanyar shinkafa da albasa da tumatir da na'a-na'a da man zaitun. Cokali ɗaya kan kowane ganye, a lanƙwaso gefe da gefe, a naɗe kamar yatsa. Na farko ya yage, na biyu ya fito kamar ƙullin magani. Sai wajen na goma hannunta ya faɗa. Ta shimfiɗa yankakken dankali a gindin tukunya, ta jera su, ta matse lemon tsami, ta kife faranti a kai don kada su warware. Awa uku cur.

Iya ta leƙa kwano. "Wannan kuma fa, kamar an naɗe taba?"

"Shinkafa ce, Iya. Babu nama."

"Ai na sani. Gidan nan ko ƙuda ya shigo sai ya yi azumi."

Amma ta ɗauki ɗaya. Ta sa farce ta warware ganyen a tsanake, yadda ake ɓare alala, ta ajiye shi gefe, ta jefa shinkafar a baki.

Kalilu ya gyara tabarau. "Iya, ai ba haka ake yi ba. A Gabas ta Tsakiya, asalin ganyen shi ne..."

Hadijatu ta take masa ƙafa ta ƙarƙashin tebur.

"Me ka ce, Malam?"

"Cewa ya yi ki ƙara, Iya," in ji Hadijatu.

"Shi da ke haɗiye abu da marfinsa? Dube shi. Duk bokon nan, akuya aka mayar min da kai."

Ta ɓare na biyu, ta ɓare na uku. Hadijatu na ƙirgawa a zuci, idonta na kan tsibin ganyen da ta yi awa uku tana lallashi. A na sha ɗaya Iya ta tanɗe yatsa ta jingina.

"Tsamin ya yi yawa, kuma babu yaji," in ji ta. Sannan ta tura farantin ganyen gaban surukarta. "Kada ki zubar, da sauran ƙarfinsu. Ki wanke, gobe ki sake naɗe min."

Hadijatu ta karɓa da hannu biyu. "To, Iya."