Muryar da Ta Amsa Sunan Benno

Shekara uku ke nan Fada Wilfrid bai ga fuskar mutum ba, kuma babu wanda ya sani a gidan sufayen Kirista da yake zaune, tun daga Babban Fada har mai dafa abinci. Ciwon ya fara da ɗan ɗigo a tsakiyar idonsa na dama, ya yi ta faɗi har ya haye na hagu. Yanzu in ya dubi mutum yana ganin gefen kafaɗa da bangon da ke baya, amma inda fuska take sai wani duhu-duhu kamar tabon maiko a takarda. Zabura a kansa take, lissafin da ya shekara talatin da ɗaya yana koyarwa shi ma haka, hanyoyin makarantar da sufayen ke gudanarwa kuwa ƙafarsa ta haddace su. Yara ɗari da tamanin ke kwana a makarantar, kowanne da murya ya san shi.

Abin da yake tsoro yana bene na uku. Can ne ɗakin jinya, inda ake hawar da sufin da ya gaza. Fada Odo, wanda ya koya masa Latin yana saurayi, shekara shida yana zaune a kujera guda, ba abin da yake jira sai ƙararrawar abinci. Wilfrid kan kai masa ziyara ran Lahadi, ya sauko da sauri.

Kowace Juma'a sufaye kan taru a zaure, kowa ya durƙusa gaban Babban Fada ya faɗi laifin da ya yi wa gida a makon. Wilfrid bai taɓa fashi ba. Ya fasa kofi, ya zubar da tawada, ya taka wa wani riga. Shekara uku yana faɗin kofuna, bai taɓa faɗin abin da ke fasa su ba. Har tsokanarsa suke yi, wai a saya masa na ƙarfe.

Ran Asabar ta farko a watan Maris ake tseren manyan ɗalibai. Hanyar takan tashi daga makaranta ta bi dajin arewa, gefen busasshen rafi, har Jar Ƙofa, iyakar gonar sufaye. Nan kowa zai tsaya ya sha ruwa, a kira suna, sannan a sake su su dawo ta gabas, ta cikin karan alkama da bakin tafkin gishiri. Shekara ashirin Wilfrid ne mai kiran suna a Jar Ƙofa. Bana ma motar gona ta ajiye shi can da duron ruwa, ya riƙe takarda a hannu don idon mutane, ya kira sunaye arba'in da biyu daga ka.

"Kranz."

"Ga ni, Fada."

Alƙalaminsa ya tsaya a sama. Benno Kranz yana da 'yar in'ina, kullum sai ya ɗan ja kafin magana ta fito. Wannan kuwa ta fito sumul, an dai shaƙe ta ne don ta yi kauri. Muryar Luca Pirrotta ce, abokin Benno, wanda ba a kai ga sunansa ba tukuna. Da mai ido ne, ɗaga kai kawai zai yi ya ce, "Ina Kranz ɗin?" Shi kuwa in ya ɗaga kai, ina zai duba? In ya ce Kranz ya matso, yara arba'in za su tsaya suna kallon yadda yake laluben fuska. Ya ce a ransa shaƙiyancin yara ne, wataƙila Benno ya zaga bayan itace. Ya ja layi a takarda, ya kira na gaba.

Ƙarfe sha ɗaya aka ƙirga waɗanda suka dawo, arba'in da ɗaya. Zafi kuwa ya zo da wuri, irin wanda ko tumaki sai su cusa kai ƙarƙashin juna. Kafin sha biyu Saja Harkin na 'yan sanda ya iso daga gari, ya baje taswira a kan motarsa, manoman maƙwabta sun kewaye shi.

"Fada, yana Jar Ƙofa da tara da rabi?"

"Yana cikin takarda," in ji Wilfrid, ya miƙa ta.

"Madalla, kun rage mana rabin aiki." Saja ya buga yatsa a taswira. "Dajin arewa a bar shi. Kowa gabas, daga ƙofa zuwa tafki. Ku kula da ƙafafunku, macizai sun fito."

Wilfrid ya ji tashin motoci, ɗaya bayan ɗaya, duk suka yi gabas. Ya buɗe baki, sai ƙararrawar addu'ar tsakar rana ta buga, ƙafarsa ta juya da kanta kamar yadda ta saba. A coci ya tsaya a gurbinsa yana rera zabura tare da 'yan'uwa, bakinsa na yi, zuciyarsa na ƙirga. Yaro ya bar hanya kafin tara da rabi. Ba gora a hannunsa, don ruwan a Jar Ƙofa yake. Awa nawa ɗan shekara sha shida zai yi a wannan rana ba ruwa? Ya taɓa ganin makiyayin da aka tsinto bayan wuni guda, tun idonsa na gani, kuma bai manta harshen mutumin ba. Sai ya ce wa kansa yanzun nan yaron zai ɓullo ta bayan kicin yana dariya. Da wannan ya lallashi kansa har aka ce amin.

Mahaifiyar Benno tana barandar baƙi. Tun safe ta zo da kek ɗin da iyaye kan kawo ranar tsere, ga shi nan a rufe a kan benci, ba wanda ya yanka. Mijinta ya rasu shekara huɗu, ita kaɗai ke riƙe da gona mil sittin daga nan, Benno ne kuma kaɗai ɗanta. Wilfrid ya so ya wuce ta gefe, amma ya ji takalminta ya nufo shi.

"Fada, ku kuka gan shi ƙarshe. Yaya kuka gan shi? Ya gaji? Hularsa na kansa?"

"Yara da yawa ne, Misis Kranz."

"Haka ne, ku yi haƙuri." Ta kama hannunsa, tafinta kaushi kamar na namiji. "Abin da ke riƙe ni ke nan, ya sha ruwa tara da rabi. Tun ɗazu shi nake ta faɗa wa kaina. Ya sha da yawa, ko? Benno akwai shan ruwa, kamar ɗan maraƙi."

"Akwai ruwa isasshe a duron," in ji shi.

Ba ƙarya a cikin kalmomin, kuma bai taɓa jin ƙazantar bakinsa kamar lokacin ba. Ya zare hannunsa ya tafi.

An tara ɗalibai a babban ɗakin karatu, an hana kowa fita. Wilfrid ya shiga ajinsa da ba kowa, ya zauna a bayan tebur. Ƙarfe ɗaya ta buga, ɗaya da rabi ta buga. Rufin kwano na ƙara don zafi. Duk motar da ya ji sai ya miƙe, sai ya ji ta ɗebi ruwa ta sake yin gabas. Ya yi ƙoƙarin addu'a, amma da wane baki? Abu biyu ke gabansa, yaro kwance a wani wuri cikin dajin arewa, da kujerar da ke kusa da ta Fada Odo. Kunya ta kama shi da ya ga har yanzu yana auna su.

Ƙofa ta yi ƙara. Numfashin kaɗai ya ishe shi ya gane mai shigowa.

"Pirrotta, wa ya ba ka izinin fita?"

"Ta taga na bi, Fada." Yaron ya matso, sannan ya ce, "Kun san ba shi ba ne."

Wilfrid ya juya fuskarsa wajen muryar.

"Na ga alƙalaminku ya tsaya. Na ɗauka za ku kama ni."

"Ina yake?"

"Kwarmin Dutse, cikin rafi. Cewa ya yi zai ɗan jiƙa jiki ya yanke ya tare mu a bakin tafki. Ya sa na rantse." Muryar ta fara karyewa. "Fada, duk wanda aka kama a Kwarmin Dutse kora ce, ni kuma gargaɗina na ƙarshe ke nan. Babana zai kashe ni. Na yi ta jira ku faɗa, ku ba wanda zai kore ku."

"Don me ka zaɓi kirana? Ga Fada Cuthbert a wurin tashi, ga shi a wurin dawowa."

"Shi ai yana gani."

Ya faɗe ta ne ba da rashin kunya ba, kamar mai cewa yau Asabar. Wilfrid ya dafa tebur.

"Su wa suka sani?"

"Kowa, Fada. Tun muna aji uku. Mu ke matsar da jakunkuna daga hanya in za ku shigo. Kullum akwai mai ajiye muku alli a gefen dama."

Ashe asirin da ya shekara uku yana gadi, yara ɗari da tamanin ne ke riƙe masa shi. Sun tausaya masa, sun kuma ci moriyarsa, yau ga inda abin ya kai. Ramin ƙarya ƙurarre ne, amma wannan da ɗan mutane a ciki.

"Ba ni kafaɗarka," in ji shi. "Sauri nake so, ba na son in ƙirga matakala."

Saja ya dawo tsakar gida yana sauya wa mutane wuraren nema, Babban Fada na tsaye kusa da shi, mahaifiyar Benno ma ta sauko. Wilfrid bai san wata hanyar faɗin irin wannan magana ba sai wadda ya saba. Ya saki kafaɗar Luca, ya durƙusa a kan tsakuwa mai zafi, ya sunkuyar da kai kamar ran Juma'a.

"Na yi laifi ga Allah da gidan nan. Ban ga Kranz a Jar Ƙofa ba. Ba na ganin fuska, shekara uku ke nan. Wani ne ya amsa sunansa, na gane a take, na ja layi don kada a san halin da nake ciki. Bai sha ruwa ba. Ku bar gabas, yana Kwarmin Dutse."

Sai Luca ya ce, "Ni na amsa. Na san wurin."

"Awa biyu da rabi," in ji Saja, a hankali, kamar mai tauna tsakuwa. "Awa biyu da rabi ina gasa mutum talatin a gona, Fada. Kai yaro, shiga mota."

Mahaifiyar Benno ba ta zage shi ba, da ta zaga da ya fi masa sauƙi. Ya ji takalminta ya zo gabansa ya tsaya.

"Na tambaye ku ko ya sha ruwa," ta ce.

Daga nan ta koma baranda, don Saja ya hana ta bin su. Babban Fada ya ce, "Tashi, ɗan'uwa, ƙasar da zafi. Maganarmu sai an jima." Wilfrid ya tashi, amma bai bar wurin ba. Ƙararrawar addu'ar ƙarfe uku ta buga, sufaye suka shige, shi yana tsaye a rana. Karo na farko ke nan da ya ji ƙararrawa bai bi ta ba. Kujerar bene na uku ta riga ta zama tasa, ya kuma yi mamakin yadda ta ƙanƙance. Tsoron da ya rage guda ɗaya ne, na halin da za a iske yaron.

Wajen huɗu saura ya ji motar, daga arewa. Tafiya take a hankali. Bai sani ba ko lallaɓa mai rauni ake yi, ko kuwa saurin ne ba shi da sauran amfani. Ta tsaya, aka sauke murfin baya, takalmin matar ya wuce shi da gudu. Ya kasa kunne ya ji kuka ko godiya, bai ji ko ɗaya ba. Ya matsa har ya dafa ƙarfen motar. Yana ganin taya, yana ganin ƙafafun mutane da gefen bargo, amma daidai inda yaron yake kwance, nan tabon ya zauna.

"Pirrotta," ya ce, da ƙarfi, gaban kowa. "Gaya mini. Ba na gani."

Yaron ya diro kusa da shi yana haki. "Daga kan dutse ya faɗo, ƙafar ta karye. Kwarmin a bushe yake, Fada, ba ko ɗigo. Leɓensa duk ya tsage. Idonsa a rufe."

"Ƙirjinsa fa?"

"Mamarsa ta kife a kai, ban iya gani."

Wilfrid ya matsa kusa da bargon. Hanya ɗaya ya sani ta tabbatar da yaro yana nan.

"Kranz."

Babu wanda ya motsa. Ya ji ƙuda, ya ji injin na hucewa. Wannan karon ba wanda zai amsa wa wani. Can sai ya ji ɗan jan nan, dogo, a bushe, kamar ƙofar da ta daɗe a rufe.

"G-ga ni, Fada."

Sai a lokacin matar ta fashe da kuka. Aka ɗauki Benno aka yi ciki da shi, mutane suka bi, ba wanda ya ce wa Wilfrid uffan. Yana nan dafe da mota har ya ji hannu ya kama gwiwar hannunsa, hannun Babban Fada.

"Akwai matakala uku a gabanka, ɗan'uwa."

"Na sani," in ji Wilfrid. Amma bai janye hannunsa ba.