Kofi Shida na Garin Sukari

A garin Zanesville, in Disamba ta kama, ba a tambayar wa zai kawo alewar gyaɗa kasuwar coci. Verna Kessinger ce. Tun 'ya'yanta suna rarrafe take yin ta: markaɗaɗɗiyar gyaɗa, bota, garin sukari kofi shida, a kwaɓa, a mulmula ƙanana, a tsoma a cakulan a bar ɗan ido a sama. Kofin ma guda ne tun fil azal, na ƙarfe, mariƙinsa a lanƙwashe. Takan nutsa shi cikin garin, ta ɗan danna, ta share bakinsa da bayan wuƙa.

Bara 'yarta Paulette ta kawo mata sikeli, irin mai nuna lamba. Ta zauna tana yi mata bayani wai garin sukari ba shi da amana, in an tankaɗe ya kumbura, in an danna ya kwanta, kofi ɗaya yau daban gobe daban, nauyi ne kaɗai ba ya ƙarya. Verna ta ja tsaki, ta ce ita ba a kantin magani take aiki ba. Sikelin nan ko daga kwalinsa bai fito ba, aka jefa shi kan firij ya yi ta shan ƙura.

Bana kuwa abu ya ƙi. Kwaɓin farko ya bushe yana marmashewa a hannu. Na biyu ya saki kamar kunu. Ta ɗora wa bota laifi, ta zagi masu kanti, amma ita da zuciyarta ta san inda matsalar take. Tana kaiwa tsakiyar awo sai lissafi ya ɓace mata ɓat. Huɗu ta zuba ko biyar? Ta gwada jera cokula a tebur, kowane kofi cokali ɗaya. Ina! Sai ta tsaya tana kallon cokalin ƙarshe, ba ta san ko ta ajiye shi kafin ta zuba ko bayan ta zuba ba.

Tsoro take ji, tsoro na gaske. Da bazara ta manta buta a kan wuta har ta ƙone, ɗanta Dale ya bugo waya daga birnin Columbus ya ce in aka sake samun irin haka zai nemo mata ɗaki a gidan kula da tsofaffi. Dale kuwa ba ya magana biyu, halin ubansa ya ɗauko kaf. Don haka ta ƙulle kwaɓin biyu a leda, ta cusa can ƙasan bola inda ba mai gani.

Ranar Asabar Paulette ta zo taya ta tsomawa a cakulan, kamar kowace shekara. Ta tarar ko kwaɓi ba a yi ba, ta yi dariya ta ce lallai Mama an fara son jiki. Verna ta ce ta rufa mata baki ta miƙo kwano. Ta fara awo a busasshen kwano, tana ƙirgawa a zuci, tana roƙon Allah kada yarinyar nan ta ja ta da hira. Paulette kuwa bakinta ba ya hutawa, tana ta ba da labarin maƙwabcinta da karensa.

Sai ga Verna tsaye, kofi cike a hannu, wuƙa a ɗaya hannun. Ta dubi kwano, ta dubi kofi. Babu komai a kanta, fayau.

Paulette ta katse labarin karen. Ta daɗe tana kallon uwarta. Sannan ta jawo kujera, ta taka, ta sauko da kwalin nan daga kan firij, ta goge ƙurar da hannun rigarta.

"Mama, juye wannan kofin a nan mu gani."

Da a ce bara ne, da sai an ji kansu har titi. Yau Verna ta juye. Lamba ta nuna giram ɗari da talatin. Paulette ta duba jikin ledar sukarin ta ce ai su kofinsu ɗari da ashirin ne. Nan tsohuwa ta ɗan farfaɗo, ta ce wanda ya rubuta wannan bai taɓa mulmula alewa ba a rayuwarsa. Paulette ta ce ta yarda, da kofin Mama za a yi aiki, shida ke nan ɗari bakwai da tamanin.

Daga nan ta ɗora wani kwano a sikelin, ta juye abin da uwarta ta riga ta auna. Ɗari tara da goma. Kofi bakwai cif, ga na takwas da ta kusa ƙarawa. Verna ta ji kunya ta rufe ta har wuya, ta ɗauki cokali ta shiga rage garin kaɗan-kaɗan, idonta a kan lamba, har ta sauko inda ake so. A nan ta lura da wani abu: sikelin ba ruwansa da ko ta manta. Ko ta je ta dawo, lambar tana nan tana jiran ta.

Kwaɓin ya yi daidai, yana barin hannu ba ya mannewa. Suna cikin mulmulawa Verna ta tambaya, ba tare da ta ɗago ba, ko za ta gaya wa Dale.

"In ce masa me? Kin fara aiki da sikelin da na saya miki? Sai dai in yi masa gori."

Paulette ta yanko farin salatif ta manna a gefen sikelin, ta rubuta lambar da manyan baƙaƙe. Za ta rufe alƙalami sai uwarta ta riƙe mata hannu, yatsunta duk gari.

"Ƙara a ƙasa, ki sa garin sukari, alewar gyaɗa," in ji Verna. "Wata rana zan ga lambar nan ban san ta mece ce ba."

Paulette ta sunkuya ta rubuta. Sai da ta goge idonta da kafaɗa kafin ta iya ƙarasa kalmar ƙarshe.